Rijiya ta bayar, guga ya hana: ina ikon kwastan ya tsaya a kan rangwamen masu fitar da kaya?

Dan_Fito:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tambayata ga masanan dokar ciniki da ke cikinmu ce. Ƙasashe da yawa suna yi wa masu fitar da kaya waje sassauci a kan kuɗin fito. Wani a mayar masa da harajin da ya biya lokacin da ya shigo da kayan sarrafawa, wani a ba shi lasisin shigo da su ba haraji, wani kuma a ba shi takardar rangwame wadda zai biya harajin gaba da ita ko ya sayar wa mai buƙata. Galibi ma'aikatar ciniki ce ke ba da takardar, amma a tagar kwastan ake cin moriyarta. To idan jami'in kwastan ya ga kamar mai kayan bai cancanta ba, yana da hurumin hana shi, ko ya karɓe abin da aka riga aka ba shi? A ganina wanda ya ɗaura shi ke kwancewa, kwastan ba su da ta cewa. Ko na yi kuskure?

Barista_Ciniki:
Wa alaikumus salam Malam Dan_Fito. Ka haɗa abubuwa uku a tukunya ɗaya, kuma kowanne da hukuncinsa. Bari in ɗauki Indiya, domin a can an sha kai wannan rigima gaban kotu. Suna da dokoki biyu: Dokar Kwastan ta 1962, da Dokar Cinikin Waje ta 1992 wadda ta kafa ofishin DGFT, wato ofishin Babban Daraktan Cinikin Waje, ƙarƙashin ma'aikatar ciniki.

Mayar da kuɗin fito gaba ɗayansa a cikin Dokar Kwastan yake, sashe na 74 da na 75. Kwastan ke lissafawa, su ke biya, su ke karɓewa idan an biya fiye da ƙima. A nan maganarka ba ta shiga ko kaɗan, domin su suka ɗaura.

Lasisi da takardar rangwame kuwa daga DGFT suke fitowa, kuma sashe na 9 na dokar 1992 shi ya ba DGFT ikon dakatarwa ko sokewa. Kotun Ƙolin Indiya ta yi magana a kai a shari'ar Titan Medical Systems, wadda aka ruwaito a 2003. Kamfanin ya sami lasisin shigo da sassan na'urar ɗaukar hoton ciki ba haraji, kwastan suka ce ya yi ƙarya wurin neman lasisin. Kotu ta ce muddin hukumar da ta ba da lasisin ba ta tuhume shi ba, kwastan ba za su hana sassaucin da hujjar an yi ƙarya wurin nema ba. Idan akwai ƙarya, hukumar lasisin ce za ta ɗauki mataki.

Dan_Fito:
To ai maganata ce ke nan Barista.

Barista_Ciniki:
Rabinta. Je ka duba shari'ar Sheshank Sea Foods ta 1996 a kotun guda. A can zargin shi ne an shigo da kaya ba haraji da sharaɗin a sarrafa a fitar, sai aka karkatar da su kasuwa. Kamfanin ya ce hukumar lasisi kaɗai ke da ikon bincike. Kotu ta ƙi yarda. Dalili: yafe harajin yana zuwa ne ta sanarwar da aka fitar ƙarƙashin Dokar Kwastan, kuma sharuɗɗan da ke cikin sanarwar kwastan ke gadinsu. Yadda aka sami takarda, na DGFT ne. Abin da aka yi da kayan bayan sun shigo, kwastan na da hannu dumu-dumu.

HajiyaLissafi:
In ƙara a kan abin da Barista ya faɗa, mutane su gane cewa ranar da ka shigo da kaya da irin wannan lasisi kana sa hannu a takardar alkawari ga kwastan, wani lokaci haɗe da garantin banki. Harajin bai mutu ba, an jingine shi ne. A lasisin shigo da kayan sarrafawa na Indiya, wa'adin fitar da kayan da aka ƙera wata 18 ne a bisa ƙa'ida, kuma sai darajar ta ƙaru da aƙalla kashi 15 cikin ɗari. A tsarin EPCG, na shigo da injinan masana'anta ba haraji, sai ka fitar da kaya na ninki shida na harajin da aka yafe maka, cikin shekara shida. Misali an yafe maka rupi miliyan 5 a kan inji, kana da nauyin fitar da kayan rupi miliyan 30, kuma wannan ƙari ne a kan matsakaicin abin da ka saba fitarwa a shekaru ukun baya. Wannan ƙarin shi ke kayar da mutane, suna lissafa miliyan 30 ɗin kawai su ɗauka sun gama.

Idan ka cika, DGFT ta ba ka takardar shaidar sauke nauyi, ka kai wa kwastan, su sake maka takardar alkawari da garantin. Idan ba ka kai ba, kwastan ba sa buƙatar soke lasisin kowa. Alkawarinka suke bi, haraji da kuɗin ruwa.

MaiSito77:
Hajiya, idan DGFT ta riga ta ba da shaidar sauke nauyin fa, sai kwastan su ce ba su gamsu ba?

HajiyaLissafi:
A nan ne gardamar take da zafi. Mai kaya zai riƙe hukuncin Titan, kwastan su riƙe na Sheshank. Abin da ke raba su shi ne mene ne ainihin zargin. Idan cewa suke DGFT ta yi kuskuren fassara manufarta, hujjarsu ba ta da ƙarfi, domin manufar cinikin wajen ta ce fassarar DGFT ita ce ta ƙarshe. Idan kuwa sun je masana'anta sun tarar da cewa yadin da aka shigo da shi bai taɓa shiga sito ba, ko littafin amfani da kaya bai yi daidai da abin da aka fitar ba, wannan karya sharaɗin sanarwa ne, kuma sashe na 111 na Dokar Kwastan ya ba su damar ƙwace kayan da aka karya sharaɗin yafe musu haraji.

Kilarin_Tasha:
Ku lauyoyi kuna ta maganar takarda, ni kuwa ina ganin ikon kwastan na gaske yana bakin kwantena tun kafin a je ga wata takarda. Duk wani rangwame ana lissafa shi ne da abu uku da ke jikin takardar fitar da kaya: lambar rukunin kayan, adadi, da daraja. Ukun nan duka kwastan ke tantancewa kafin su ba da izinin lodi. Za su iya buɗe kwantena, su ƙirga, su auna, su ɗauki samfur su kai ɗakin gwaji, su kuma bincika farashin kasuwa.

Abin da ya fi yawa shi ne kumbura daraja. Mai shigo da kaya rage farashi yake don harajinsa ya ragu, mai fitarwa kuma ƙarawa yake don rangwamensa ya ƙaru. A ce riga ta dala 2 ce aka rubuta dala 10, rangwamen kuma kashi 3 cikin ɗari. A kan riga 50,000 halaliyarsa dala 3,000 ce, amma ya nemi 15,000. A shari'ar Om Prakash Bhatia ta 2003, wadda ta shafi tufafin da aka kumbura wa farashi don cin kuɗin fiton da ake mayarwa, Kotun Ƙolin Indiya ta tabbatar wa kwastan ikon ƙin yarda da darajar da ƙwace kayan. Daga baya a 2007 aka fitar da ƙa'idojin ƙimanta kayan fitarwa: a fara da farashin cinikin, in akwai shakka a nemi ƙarin bayani, sannan a kwatanta da irin kayan da aka fitar a daidai lokacin, sannan a lissafa kuɗin ƙira da riba. Dole a bi jerin, ba a tsallake.

Dan_Fito:
Lambar rukuni fa? Wannan ai aikin kwastan ne ba tantama.

Barista_Ciniki:
Aikinsu ne a lokacin fitarwa. Matsalar tana tasowa idan sun bar kaya sun wuce shekara da shekaru da wata lamba, DGFT ta ba da takardun rangwame a kan lambar, an sayar da takardun an kashe, sannan wani mai bincike ya zo ya ce lambar kuskure ce a maido da komai. Babbar Kotun Delhi ta duba irin wannan a Nuwamban 2024 a shari'ar Designco. Kayan ado ne na dutse da aka fitar ƙarƙashin MEIS, tsarin da ake ba masu fitar da kaya takardar rangwame a lokacin, gardamar kuma tsakanin rukuni na 6815 da na 6802. Kotu ta ce kwastan ba za su zagaye DGFT su yanke hukunci a kan ingancin takardar ba, sai DGFT ta fara duba ta ta soke.

Sashen da kwastan ke dogara da shi a irin wannan shi ne 28AAA, wanda aka saka a 2012. Yana aiki ne idan an sami takardar ta haɗin baki, ko ƙarya da gangan, ko ɓoye gaskiya. Saɓanin ra'ayi a kan lamba, alhali an bayyana kayan yadda suke a takarda kuma an buɗe an gani, da wuya a kira shi ɓoye gaskiya.

Ummu_Zahra:
Ina bibiya ina ƙaruwa. Amma wanda ya sayi takardar rangwamen a kasuwa ba tare da sanin komai ba, mene ne makomarsa?

Kilarin_Tasha:
Kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa.

Barista_Ciniki:
Kilarin_Tasha, karin maganar ta hau kan rabi kawai. Kotunan Indiya sun bambanta takarda iri biyu. Akwai wadda hukuma ta bayar da gaske amma an yaudare ta wurin nema. Tun shari'ar East India Commercial ta 1962 aka ce irin wannan tana nan da ranta har ranar da aka soke ta, don haka wanda ya saya da zuciya ɗaya ya yi amfani da ita kafin sokewa yana da kariya. Ai dalilin kawo sashe na 28AAA ke nan, don a bi wanda aka ba takardar tun asali a karɓi kuɗin a hannunsa. Akwai kuma ta jabu wadda hukuma ba ta taɓa bayarwa ba. A shari'ar Aafloat Textiles ta 2009 kotu ta ce nauyin bincike yana kan mai saye. Takardar jabu ba ta yafe ko kwabo, harajin na kan wanda ya gabatar da ita.

Hajiya Ummu_Zahra, a aikace mai saye ya tabbatar takardar tana rajista a na'urar kwastan, ya biya ta banki, ya ajiye shaidar canjin mallaka da sunan wanda ya sayar masa.

Injiniya_Masaƙa:
Bari in karkata kaɗan. Ana ta zargin kwastan da tsanani, amma akwai abin da ke tura su daga waje. A dokar Ƙungiyar Ciniki ta Duniya, tallafin da aka rataya a kan fitar da kaya haramun ne. Abin da aka yarda da shi shi ne mayar da harajin da aka biya a kan kayan da suka ƙare a cikin ƙira, ba ƙari. Rataye na biyu na yarjejeniyar tallafi ya fayyace su: abin da ya shiga jikin kayan, makamashi da mai da aka ƙona wurin aiki, da sinadaran da ke hanzarta haɗi waɗanda suka ƙare a ciki, tare da rangwamen abin da ya saba lalacewa. Inji ba ya cikin jerin. Kuma ana tambayar ƙasar ko tana da tsarin tabbatar da wane kaya aka yi amfani da shi da kuma nawa. In babu, ƙasar da ake kai wa kayan za ta iya buɗe bincike ta ɗora harajin ramuwa.

Ga yadda lissafin yake. A ce ƙa'ida ta ba da kilo 1.05 na zare a kan kowane kilo ɗaya na yadi, wato kashi 5 na lalacewa. Ka fitar da tan 100 na yadi, haƙƙinka tan 105 na zare. Idan ka shigo da 120 ba haraji, tan 15 ɗin nan sai ka biya musu haraji ko ka ƙara fitarwa. Idan kuma injinka sabo ne yana lalata kashi 2 kawai, rarar tan 3 ɗin da ta rage ita mai bincike zai fara tambaya.

HajiyaLissafi:
Daidai Injiniya. Kuma abin ya faru. Amurka ta kai Indiya ƙara a Ƙungiyar Ciniki ta Duniya, kwamitin shari'a na ƙungiyar ya fitar da rahoto a ranar 31 ga Oktoba 2019 yana cewa MEIS da EPCG da wasu tsare-tsaren tallafi ne da aka hana. Indiya ta ɗaukaka ƙara, amma ta maye gurbin MEIS da sabon tsarin rangwame mai suna RoDTEP daga 1 ga Janairu 2021. Abin da ya shafi tambayar Malam Dan_Fito shi ne, RoDTEP ba takarda ce da DGFT ke miƙa maka ba. Ana zuba kuɗin ne a asusun lantarki da kwastan ke riƙe da shi ƙarƙashin sashe na 51B. Ma'aikatar ciniki ke sanar da ƙimar kowace lamba, amma bayarwa da dakatarwa da karɓewa sun koma tagar kwastan. Don haka hujjar "ba ku kuka ba ni ba" ta yi rauni sosai a sabon tsarin.

Dan_Tarayya:
Kada a ɗauka ko'ina haka ne da hukuma biyu. A Amurka kwastan kaɗai ne. Mayar da kuɗin fito yana nan tun 1789, yanzu a sashe na 1313 na kundin dokokinsu na 19. Ana mayar da kashi 99 cikin ɗari, kana da shekara biyar daga ranar shigo da kayan ka shigar da buƙata, kuma ana yarda da musanya kaya da wani mai lambar rukuni guda har lamba takwas na farko. Za su iya biyanka da wuri idan ka ajiye lamuni, amma kuɗin bai zama naka ba sai an rufe lissafin buƙatar. Wanda ya yi zamba tararsa na iya kaiwa ninki uku na abin da gwamnati ta yi asara. Ƙorafi kan hukuncinsu kuma cikin kwana 180.

Tarayyar Turai ta bi wata hanya. Kundin kwastan nasu da ya fara aiki 1 ga Mayu 2016 ya cire tsarin biya a mayar maka a harkar sarrafa kaya don fitarwa, ya bar na jingine haraji kawai. Kwastan ke ba da izini, kuma cikin kwana 30 bayan ƙarewar wa'adi sai ka kai musu lissafin abin da ya shigo da abin da ya fita.

Barista_Ciniki:
Kundin Turai yana da wani bambanci mai amfani da ya kamata a lura da shi. Sashe na 27 yana rushe izini tun daga tushe, kamar ba a taɓa bayarwa ba, amma sai an nuna cewa bayanin da aka bayar ba daidai ba ne, mai nema ya sani ko ya kamata ya sani, kuma da an faɗi gaskiya da hukuncin ya canza. Sashe na 28 kuwa janyewa ce daga yau zuwa gaba. Na farko yana taso da tsohon bashi, na biyu ba ya taɓa abin da ya wuce. Kafin su yanke abin da zai cutar da kai dole su sanar da kai dalilansu su ba ka kwana 30 ka yi bayani.

MaiSito77:
To har yaushe mutum zai kwana da ido ɗaya? Akwai wa'adin da in ya wuce ba a sake tono maganar?

Dan_Tarayya:
A Turai shekara uku, in akwai laifin da ke iya kai mutum kotun hukunta laifi ya koma tsakanin biyar zuwa goma gwargwadon dokar kowace ƙasa. A Indiya, sashe na 28, shekara biyu, in akwai haɗin baki ko ɓoye gaskiya shekara biyar. Shi ya sa za ka ga kusan kowace takardar neman ba'asi da ta zo a makare tana ɗauke da kalmar ɓoye gaskiya. Lauya mai wayo wannan kalmar yake fara kai wa hari, in ta faɗi wa'adi ya kashe ƙarar.

Kilarin_Tasha:
Ni dai abin da na fi gani yana cinye kuɗin mutane ba zamba ba ce, sakaci ne wurin cike takarda. A zamanin MEIS akwai gurbi a takardar fitar da kaya da za ka nuna kana neman rangwamen. Wanda ya bar shi a kan "a'a", bayanan ba sa tafiya daga na'urar kwastan zuwa ta DGFT, ita kuma DGFT ba ta da abin da za ta ba da takarda a kai. Gyara sai ta sashe na 149, wanda ya ba jami'i damar yarda da gyara bisa shaidar da take nan tun lokacin fitar da kayan. Mutane da yawa sai da suka je babbar kotu a kan harafi ɗaya. Wannan ma iko ne, Malam Dan_Fito, ko da ba a rubuta shi da sunan iko ba.

Sauran masu kayar da mutum: adadi a takardar lodin jirgi ya saɓa da na takardar fitarwa, ma'auni ya bambanta (an rubuta dozin a nan, guda a can), ko kuɗin kayan ba su dawo ta banki cikin wa'adin da babban banki ya tsara ba. Na ƙarshen nan sashe na 75 ya ce a ɗauka kamar ba a taɓa ba ka kuɗin fiton ba, sai ka maido.

Ummu_Zahra:
Wanda ya shigo da kaya ya biya haraji, bai sarrafa ba, ya sake fitar da su yadda suke fa?

HajiyaLissafi:
Sashe na 74 ke nan. Kashi 98 cikin ɗari, idan an fitar cikin shekara biyu daga biyan harajin kuma jami'i ya gamsu cewa kayan nan ne dai suka shigo. Gamsuwar ita ce wuyar. Kada a cire lambar jikin kaya, kada a canza kwali, a kuma nemi a duba kafin a rufe kwantena. Idan an yi amfani da kayan, ƙimar tana sauka gwargwadon watanni har ta kai babu.

Dan_Fito:
Na gode ƙwarai. Na janye rabin maganata. Amma har yanzu ban gamsu da abu ɗaya ba. Idan kotu ta ce sai DGFT ta soke kafin a karɓi kuɗi, me zai hana kwastan su riƙe kwantenarka ta gaba ko su sa wa sunanka alama a na'ura har ka gaji ka biya da kanka?

Barista_Ciniki:
A takarda akwai birki. Idan an kama kaya ƙarƙashin sashe na 110 na Dokar Kwastan ta Indiya, dole a ba da takardar neman ba'asi cikin wata shida, ana iya ƙara wasu shida, in ba haka ba a saki kayan. Sashe na 110A ya ba da damar sakin wucin gadi a kan alkawari da lamuni. Ɗaukaka ƙara zuwa kwamishina cikin kwana 60, tare da ajiye kashi 7.5 cikin ɗari na kuɗin da ake gardama a kai. A kula kuma, ƙarar mayar da kuɗin fito da ta fito daga kwamishinan ɗaukaka ƙara ba ta zuwa kotun haraji, gwamnatin tarayya ake kai wa don sake dubawa ƙarƙashin sashe na 129DD. Wanda ya kai ta inda ba nan ba ya ɓata watanni.

Injiniya_Masaƙa:
A takarda, kamar yadda ka ce. Mai jatan lande a kwantenar sanyi ko mai tufafin da kakarsu za ta wuce ba shi da wata shida. Ya biya, ya rubuta a jikin takardar biyan cewa bai amince ba kuma yana riƙe da haƙƙinsa na neman a maido, ya loda kayansa, sannan a je kotu.

Kilarin_Tasha:
In ya manta bai rubuta ba, sai a ce da yardarsa ya biya.

MaiSito77:
Barista, koma kan shari'ar Delhi ɗin nan. Idan kwastan sun rubuta wa DGFT cewa ta soke, ita kuma ta duba ta ce ba ta ga laifi ba, shi ke nan an rufe, ko kwastan za su iya komawa ta sashe na 114AA, mai hukunta gabatar da bayanan ƙarya, su ci mutum tara a kan takardar fitarwar ita kanta?